Ofishin lauyoyin da suka yi min fafutukar cire odar kotu daga kan akawun da motocina, tauraro 4 cikin 5

Sunan ofishin dai ba zan kama ba, na farko shari'ar ba ta ƙare ba har yanzu, na biyu kuma akwai inda zan ɗan caccake su kuma ban ga amfanin tona mutanen da suka fitar da ni daga rami ba. Amma tunda mutane da yawa sun tambaye ni yanda aka yi, gara in rubuta sau ɗaya in huta da maimaita labari.

Ni kayan gini nake sarowa in rarraba, ina da manyan motoci da sito guda. Akwai wani dila da muka shekara muna hulɗa, yana ba ni kaya bashi ina biya, sai wani lodi ya zo rabinsa a lalace na mayar masa, shi ya ƙi cirewa daga lissafi ni kuma na ƙi biyan abun da ban sayar ba, daga nan aka fara ƴar tsama. Ban musa cewa yana bina ba, adadin ne muka saɓa. Ina nan ina tunanin za mu zauna mu daidaita kamar yanda muka saba, ashe shi tuni ya wuce kotu. Ranar da zan biya direbobi da yaran sito albashi na tura kuɗi ya ƙi tafiya, na sake ya ƙi, na ɗauka matsalar netwok ce har ina zagin banki a raina, da na kira ma'aikaciyar da ke kula da akawun ɗina sai ta yi ƙasa da murya ta ce Alhaji akwai odar kotu a kai, ba abun da zan iya yi maka. Kafin la'asar masinjan kotu ya iso gareji da takarda, ya manna a gilashin motoci biyu, ya shiga sito yana rubuta kaya ɗaya bayan ɗaya yaran suna tsaye suna kallona. Wlh ban taɓa jin kunya irin ta ranar ba, ba a yanke min hukunci ba, ko sammaci ban gani ba sai a lokacin, amma duk wanda ya wuce ya ga takardar nan ya gama yanke nasa hukuncin.

Wani abokina ne ya haɗa ni da ofishin. Ƙaramin ofis ne, babbar lauya ɗaya mace, sai ƙananan lauyoyi biyu da akawu. Na shiga da zafina na fara zuba labarin lodin da ya lalace, da shekarun da muka yi da mutumin nan, da butulcin ɗan Adam, ta bar ni na yi ta yi har na gaji dan kaina, sannan ta ce "Alhaji duk wannan labarin bashi ne, kuma ranarsa daban. Ni yau abu ɗaya nake so in sani, me suka faɗa wa alƙali lokacin da ba ka wajen?" Na ce ban sani ba ranki ya daɗe. Ta ce to shi za mu fara nema. A take ta tura yaron ofis rajistara ya nemo kwafin duk abun da ke cikin fayil, takardar roƙon da suka shigar, takardar rantsuwar da mai ƙara ya sa wa hannu, hujjojin da ya liƙa mata, da ita odar kanta kalma da kalma.

Wannan rabewar da ta yi tsakanin "ana binka ko ba a binka" da "ya dace a kulle maka dukiya tun kafin a saurare ka ko bai dace ba" ita ce abun da na biya kuɗi na saya a ofishin nan, sauran duk cikon benci ne. Da wani lauyan na samu mai son burge ni da sai ya biye min mu tafi kotu muna ihun ba a bina, alhali ana bina wani abu, alƙali ya kalle mu ya ce to ku jira ranar shari'a, oda kuma ta ci gaba da zama.

Kafin in tashi ta yi min wani gargaɗi da har yanzu nake gode mata. Ƙanena da ya raka ni ya riga ya raɗa min a mota cewa Yaya mu kwashe kayan siton nan cikin dare mu kai na wani, ai ba duka masinja ya ƙirga ba, kuma gaskiya zuciyata ta fara karkata. Kamar ta ji mu, ta ce kar in taɓa ko ƙusa, kar in buɗe sabon akawu in karkatar da kuɗin kwastomomi can, kar in sa wa kowa hannu a takardar mota. Odar kotu ko da kuskure aka ba da ita tana nan daram har sai kotu ta janye ta, wanda ya taka ta ya raina kotu kuma ana iya ɗaure shi a kan haka kawai, sannan ga babbar asarar, ka ba su hujjar da ba su da ita, za su koma su ce ya mai shari'a ka gani ko, ai dama mun faɗa zai ɓoye. Ƙanena ya yi tsit.

Abun da ya fi ci min rai shi ne ta yaya za a yi shari'a a bayan idona. Ta zaunar da ni ta yi min bayani ba tare da ta nuna min ita ta yi boko ba. Wai irin wannan roƙon ex parte suke ce masa, ɓangare ɗaya ne ke zuwa, kuma dalilin a bayyane yake, in dai da gaske mutum shirin gudu da dukiya yake yi to sanar da shi daidai yake da ce masa yi sauri. Amma wannan gatan ba kyauta ba ne, tunda babu mai musa maka a ɗakin, dole kai da kanka ka faɗa wa alƙali har abun da bai yi maka daɗi ba, har abun da ɗayan zai faɗa da yana nan. Sannan a mafi yawan lokuta sai ka ɗauki alƙawari a rubuce cewa in ta bayyana bai kamata a ba ka odar ba, za ka biya asarar da ka jawo. Kuma zargi kawai bai isa ba, sai ka nuna ƙararka tana da ƙafa, ka kuma nuna alama ta zahiri cewa mutumin na shirin salwantar da dukiyar ko fitar da ita daga inda hannun kotu zai kai. Cewa "ina tsoron ba zai biya ba" kowane mai bin bashi a duniya yana da wannan tsoron, ba hujja ba ce.

Muna jiran yaron ya dawo daga rajistara ta ba ni labarin inda ɓangaren daskarar da akawun ya samo asali, ni kuma na riƙe shi saboda ya yi kama da nawa har da dariya. A Ingila tun wani hukunci na 1890 ƙa'idar ita ce ba ka hana mutum taɓa kuɗinsa saboda kawai kana iƙirarin kana binsa, sai ka ci shari'a tukunna. Sai a 1975 masu wani jirgin ruwa mai suna Mareva suka ba da shi haya, aka yi lodin taki zuwa Indiya, ƴan hayar suka karɓi kuɗin dako ya shiga wani banki a Landan, suka biya kashi na farko da na biyu na haya, na uku suka ce babu. Masu jirgi suka ruga kotu suka ce in kuɗin nan ya bar Landan shikenan, Lord Denning da abokan zamansa a kotun ɗaukaka ƙara suka amince a riƙe kuɗin. Daga sunan jirgin odar ta samu suna, har zuwa 1999 da sababbin dokokin kotunsu suka koma kiranta odar daskarewa. Ta ce wani alƙalinsu, Donaldson, ya taɓa kwatanta ta da makamin nukiliya na shari'a, kuma a shari'ar da ya faɗi hakan ma soke odar aka yi saboda bankin da ya nema bai bayyana wa kotu komai ba. Na ce to ni aka jefa wa nukiliyar kenan a kan rabin lodi. Ta yi murmushi ta ce shi ya sa za mu tambaye su ko sun cika sharuɗɗan harbawa.

Da takardun suka zo muka zauna muka bi takardar rantsuwar sakin layi bayan sakin layi, tana karantawa tana tambayata gaskiya ne ko ƙarya, ina hujja. Nan ne na ga aikin. Mutumin ya rantse cewa na sayar da mota ɗaya kuma ya samu labari ina shirin sayar da sauran in bar gari. Eh na sayar da mota, tsohuwa ce da ta ishe ni da gyara, watanni kafin rigimarmu, kuma kuɗin da ciko na sayi ɗaya daga cikin motocin da suka manna wa takarda, wato wadda ta maye gurbin motar da yake cewa na salwantar tana tsaye a gareji da sabon fenti. "Ya samu labari" ɗin kuwa bai faɗi daga wa ba, ba rana ba wuri. Sai babban, bai ambaci ko da kalma ɗaya ba cewa mun yi yarjejeniya ta WhatsApp zan riƙa biyan abun da ban musa ba kashi kashi, kuma ya karɓi kashi biyu har ya turo min "na gani nagode". Ta sa aka buga saƙonnin, aka haɗa da sitetmen na banki na shekara guda, rasit na sayar da tsohuwar mota da na sayen sabuwa. Ta kuma sa aka ƙiyasta darajar abun da aka kama, da aka haɗa akawu da motoci biyu da kayan sito ya ninka abun da shi kansa yake nema nesa ba kusa ba, ta ce ko da komai nasu daidai ne ba a kama gida dan bashin ƙofa.

Sai kuma inda ta kama ni. Tana bin sitetmen da biro ta tsaya a wani layi ta ce Alhaji wannan kuɗin da ya fita zuwa akawun Hajiya kwana kaɗan bayan wasiƙar lauyansu fa? Na ji gumi ya karyo min. Kuɗin makarantar yara ne da na haya, ita ke biya duk shekara a irin wannan lokacin, amma na san yanda zai yi kama a idon wanda bai san gidana ba. Na ce mu bar shi mana tunda ba su gani ba. Ta ajiye biron ta ce ba za ta je ta zargi wani da ɓoye wa kotu gaskiya ba alhali nata fayil ɗin da rami a ciki, mu za mu faɗa da bakinmu mu liƙa rasit na makaranta da na mai gida da sitetmen na bara da ya nuna an yi irin haka, in suka tono da kansu ya zama makami, in mu muka kawo ya zama bayani. Na yi fushi ranar sosai, har na ce a raina wannan lauyata ce ko tasu. Daga baya lauyansu ya zo ya taso da maganar a kotu da ƙarfinsa yana ɗaga murya, sai alƙali ya ce masa ai yana sakin layi kaza na takardar wanda ake ƙara, ci gaba.

Roƙon da ta shigar hawa hawa ta yi shi. A soke odar gaba ɗaya saboda ɓoye gaskiya da rashin hujjar gudu, in kotu ba ta ga haka ba a rage ta zuwa daidai adadin da ake jayayya a kai, in ma hakan bai samu ba a buɗe min hanyar biyan albashi da cefanen gida da kuɗin lauya da harkar kasuwanci ta yau da kullum, dan ita odar ba an yi ta dan a kashe sana'a ba ne ko a matsa wa mutum ya sallama, an yi ta ne dan kar hukunci ya zo ya tarar da wayam. Ta kuma tambaye ni tun a ofis me zan iya ajiyewa a matsayin jingina in ta kama, garantin banki, wato banki ya tsaya min a rubuce cewa zai biya, ko mota ɗaya, dan kar alƙali ya tambaya mu tsaya muna kallon juna. Motar ta biyu kuwa dama ba tawa ba ce, ta ƙanena ce, a garejina kawai take kwana. Nan ma ta burge ni, ta ce shi ba ya cikin ƙarar dan haka shi zai shigo da kansa a matsayin mai kaya ya yi tasa rantsuwar da takardun motar da sunansa, kuma gara wani lauya daban ya tsaya masa saboda kar a ce ni na ɓoye mota a bayan ɗan'uwa. Ta rasa kuɗin aiki ɗaya kenan da bakinta, ba kowa zai yi ba.

To yanzu inda tauraro ɗaya ya faɗi.

Waya. Jama'a waya. In kana gabanta kai kaɗai ne a duniya, in ka fita daga ofishin kuwa sai ka kira sau biyar ba a ɗauka ba, ka tura saƙo ka ga an karanta shiru, mutumin da akawunsa ke kulle kuma kowace awa shekara ce a wajensa. Na san tana kotu, na san ba ni kaɗai ba ne, amma layi ɗaya na "mun shigar, ranar kaza za a ji" bai fi ƙarfin akawun ofis ba. Sau biyu sai da na taka da ƙafata na je na zauna a benci kafin in san halin da ake ciki. Na biyu maganar kuɗi, an faɗa min kuɗin aiki da baki na amince na biya da taimakon ƴan'uwa tunda nawa a daskare yake, sai ga kuɗin shigar da takarda, ga na kai wa ɗaya ɓangaren, ga na kwafin da aka buga wa hatimi, kowanne da ransa yake zuwa ba gargaɗi. Ban ce sun ci ni ba, kuɗaɗen na gaske ne na bincika, amma a rubuta min su a takarda ɗaya tun ranar farko in san me zan roƙa wajen mutane sau ɗaya, ba in riƙa komawa kamar almajiri ba.

Na uku shi ya fi ciwo. Ranar farko da aka sa za a ji roƙonmu, muka je muka zauna, aka kira, lauyan mai ƙara ya miƙe ya ce shi jiya da yamma takardunmu suka same shi yana buƙatar lokacin amsawa, alƙali ya duba shaidar kaiwa ya ga haka ne, ya ɗage. Laifin na ofishinmu ne, takardun sun kwana biyu a teburin wani ƙaramin lauya ba a kai ba. Wannan ɗagewar ta ci min kusan sati biyu, a cikinsu direbana mafi kyau ya tafi wajen wani, kwastoma ɗaya babba ya karɓi kaya a wani wajen kuma har yau bai dawo ba. Abun da zan faɗa a nan dan adalci, ba ta ɗora wa kotu ko masinja ba, ta kira ni da kanta, karon farko kenan da ita ta fara kira, ta ce Alhaji kuskurenmu ne ka yi haƙuri, kuma ba ta caje ni kuɗin zaman ranar ba. Haƙurin na karɓa amma direban bai dawo ba.

A waɗannan satuttukan barci ya ƙaurace min sai na koma karance karance a waya cikin dare, ina neman ko ni kaɗai aka taɓa yi wa haka. Na tarar rigimar tsohuwa ce ko'ina. A Amurka akwai wani Doehr da aka maka a kotu kan zargin duka, mai ƙarar ya sa aka ɗora wa gidansa kamu na dala 75,000 da takardar rantsuwa kawai ba tare da an ji shi ba, maganar ta kai kotun ƙoli a 1991 ta ce dokar jihar Connecticut da ta ba da damar haka ta saɓa wa haƙƙin a saurari mutum. A Faransa wanda ya yi irin wannan kamun ba shi da hukunci a hannu, wata ɗaya aka ba shi ya fara bin hanyar samun hukuncin in ba haka ba kamun ya faɗi da kansa. A Indiya dokarsu ta 1908 ta ce da zarar wanda ake ƙara ya kawo jingina ko aka kori ƙarar dole a janye kamun. Na je ina zuba mata waɗannan da safe ina jin kaina, ta ce madalla Alhaji amma alƙalinmu da dokar kotunsa zai yi aiki, kuma kwanakin da aka ba mutum ya ƙalubalanci oda sun bambanta daga wuri zuwa wuri, wani wajen ƴan kwanaki ne ƙalilan, shi ya sa ta ƙi bari in tafi in yi shawara da dangi sati guda kamar yanda na so da farko.

Ranar da aka ji roƙon da gaske ita ta zo da kanta. Ba ta da hayaniya, ba ta buga tebur, ni da na so in ga an yi wasan kwaikwayo har na ɗan ji haushi da farko. Ta ɗauki alƙali ta kai shi sakin layin da aka ce na sayar da mota, ta kai shi rasit, ta kai shi saƙon "na gani nagode", ta tsaya. Alƙali ya juya ga lauyansu ya tambaye shi ko wanda yake wakilta ya san da waɗannan saƙonnin ranar da ya yi rantsuwa. Ya fara zagaye zagaye cewa ai saƙonnin ba su canza cewa ana bin bashi ba, alƙali ya ce ba abun da na tambaye ka kenan ba. Wannan shirun da ya biyo baya shi kaɗai ya biya ni rabin wahalata.

Amma ba duka muka samu ba, kuma ta riga ta faɗa min haka tun kafin mu shiga. An saki akawu, an saki kayan sito, an saki motar ƙanena ba wata jayayya. Motata guda kuwa alƙali ya ce ta ci gaba da zama a matsayin jingina har a gama shari'a, tunda ni da bakina na amsa akwai abun da ake bina kuma mu muka miƙa ta a matsayin zaɓi. Na fito ina huci na ce mu ɗaukaka ƙara, ai sun yi ƙarya an kama su me ya sa za a bar musu ko taya. Ta ce tana iya shigarwa in na dage, kuɗi ne zai shigo mata, amma lokacin da ɗaukaka ƙara a kan mota ɗaya zai ci ya isa a yi nisa a ainihin shari'ar, kuma kotun sama ba ta cika taɓa abun da alƙali ya yi bisa ganin damarsa ba sai in ya kauce wa ƙa'ida a fili. Ta ce in motar nake so a titi, hanya mafi kusa in samo garantin banki a musanya. Na bi shawararta ina gunaguni.

Wani abu da ban sani ba sai da ya same ni, alƙali ya faɗa a kotu ba shi ne akawu ya buɗe ba. Na fito na tsaya a bakin kotu ina gwada tura kuɗi kamar wawa. Sai an rubuta odar an sa hannu an buga hatimi, an kai wa sashen shari'a na banki, su kuma su yi nasu binciken su tabbatar ba ta bogi ba ce. A nan ofishin suka wanke laifinsu na baya, ƙaramin lauyan nan da ya kwanar da takardu shi ya yi ta sintiri tsakanin rajistara da banki har aka buɗe a rana ta huɗu, ya kira ni yana haki ya ce Alhaji gwada yanzu.

Saura maganar diyya. Alƙawarin da mai ƙara ya ɗauka na biyan asara yana nan a fayil, ta sa na buɗe littafi na rubuta komai, albashin da na biya motoci na tsaye, odar kayan da aka soke da saƙon da aka soke ta da shi, ribar bashin da na ci dan in riƙe yara. Na karanta cewa a Jamus in kamun ya tabbata ba shi da tushe tun farko mai nema zai biya ko da bai yi da mugun nufi ba, na kawo mata wannan ma, ta ce kar in fara kashe kuɗin a zuciyata, sai an tabbatar da kowace asara da takarda kuma sau da yawa sai ƙarshen shari'a ake waiwayarta, kunya da zubewar mutunci kuwa da wuya a auna su a sikeli.

Wanda aka kulle wa dukiya kuma yana da takardunsa, yana kuma iya jure a faɗa masa abun da ba ya so, irin wannan ofishin ne nasa, sai dai ya nemi lissafin kuɗi a rubuce tun ranar farko ya kuma karɓi lambar wayar akawun ofis ba ta Barista kaɗai ba, sannan ya tambaya da bakinsa ko an kai wa ɗaya ɓangaren takarda, kar ya ɗauka an kai. Wanda kuma yake neman lauyan da zai taya shi ɓoye mota a ƙauye, zai sha kunya a wajenta tun a zaman farko.

Garantin bankin har yanzu ana kan takardu, motar na nan a gareji da takardar kotu a gilashi rana ta cinye rubutun, taya ɗaya ta baya ta fara sacewa, na tambayi Barista ko ina da izinin sa mata iska ta ce iska dai babu laifi. Wata mai zuwa za a fara jin ainihin maganar lodin.